BABI NA UKU: TARIHIN RAINA KOTU DA BIN UMARNINTA A ƘANANAN HUKUMOMIN BIRNIN KUDU DA GWARAM

3.0 Gabatarwa

Wannan babi zai bi diddigin dangantakar da ke tsakanin kotu da jami'an hukumar da ta fi kusa da talaka a yankin Birnin Kudu da Gwaram, tun daga zamanin En'e har zuwa hukuncin Kotun Ƙoli na shekarar 2024. Masana shari'a sun kasa raina kotu gida biyu. Akwai wanda ake yi a gaban alƙali, kamar zagi ko tayar da hayaniya ana cikin zama, wanda sashe na 155 na Final Kod ya tanadar wa hukunci. Akwai kuma wanda ake yi a bayan idon alƙali, wato mutum ya ƙi aikata abin da kotu ta umarce shi, ko ya aikata abin da ta hana shi. Kashi na biyun ne ya shafi wannan nazari. Abin da babin zai yi ƙoƙarin nunawa shi ne, dokar raina kotu mutum guda take kamawa da sunansa, alhali kuwa a mafi yawan tarihin wannan yanki ikon cika umarnin yana hannun wani na sama da wanda aka rubuta sunansa a takarda.

3.1 Zamanin En'e

Birnin Kudu da Gwaram gundumomi ne na kudu maso gabashin masarautar Kano kafin a ƙirƙiro Jihar Jigawa. Gwaram na kan iyaka da ƙasar Bauci, kuma duk yankin ya sha fama da hare-haren Ningawa a ƙarni na 19. A tsarin da masu jihadi suka kafa, wanda Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi wa mutanen Kano bayaninsa cikin littafin Liya'ul Hukkami, alƙali wakilin sarki ne a fannin shari'a. Ƙarar da ta shafi zaluncin mai mulki kuwa gaban sarki da kansa ake kai ta, domin shi ne mai ƙarfin da zai tanƙwara hakimi ko dagaci.

Bayan Turawa sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, sun riƙe wannan tsari, suka yi masa kwaskwarima. An tura hakimai su zauna a gundumominsu maimakon birni, aka kafa kotunan alƙalai a hedikwatocin gundumomi, sannan aka kafa Baitulmali aka yanka wa kowa albashi. Daga nan hakimi da alƙali da ɗan doka da yari duk suka zama ma'aikatan hukuma guda, wato En'e, suna karɓar albashi daga aljihu ɗaya. Alƙalin gunduma yana da ikon ya hukunta talakan da ya ƙi amsa sammaci, kuma dogari ko ɗan doka zai kawo shi ko yana so ko ba ya so. Amma batun alƙali ya umarci En'e ta yi wani abu, ta ƙi, ya ɗaure wakilinta, wannan ba ya ma tasowa, domin hannu ba ya ɗaure jikin da yake manne da shi.

Wannan ba ya nufin talaka ba shi da wurin kai kuka. Bayanan majalisar shari'a ta Sarkin Kano Abbas, wanda ya yi mulki daga 1903 zuwa 1919, sun nuna ana kawo mata ƙararrakin gonaki da koke-koke a kan masu riƙe da sarauta. Haka kuma Di'o yana da ikon duba littafin kotu in ya fito rangadi, ya sauya hukunci ko ya sa a sake shari'a. Sai dai duk waɗannan hanyoyi na mulki ne: babba ne ke tsawata wa ƙarami. Mutumin Gwaram da dagaci ya ƙwace wa gona sai ya yi tafiyar kwanaki zuwa Kano, kuma in ya yi nasara, ta hannun hakimin da ke saman dagacin nan ne umarnin zai dawo gida. A kan takarda ana iya kai En'e ƙara a kotun Turawa, to amma wannan na bukatar lauya da kuɗi da sanin Turanci, abubuwa uku da manomin wancan lokaci bai mallaka ba.

Siyasar shekarun 1950 ta fito da illar tsarin fili. Jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta 1950, ta yi ta kukan cewa ana amfani da kotunan alƙalai da 'yan doka wajen ɗaure magoya bayanta, ga shi kuma doka ba ta yarda lauya ya tsaya a waɗannan kotuna ba. Abin lura a nan shi ne, ko lokacin da En'e ta Kano ta gamu da hisabi mafi tsanani a tarihinta, ba kotu ce ta yi shi ba. Gwamnatin Jihar Arewa ce ta naɗa D.J.M. Muffett ya binciki kuɗinta, binciken da ya kai ga murabus ɗin Sarki Muhammadu Sanusi a 1963.

3.2 Raba Kotu da Hukuma

Sojoji ne suka yanke wannan igiya. Bayan ƙirƙiro Jihar Kano a watan Mayu na 1967, an soke kotunan sarakuna, aka mayar da kotunan alƙalai kotunan yanki a ƙarƙashin sashen shari'a na jiha daga 1968. A 'yan shekarun nan ne kuma gidajen yari da 'yan doka suka koma hannun Gwamnatin Tarayya. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya kammala aikin: aka raba Jihar Kano zuwa ƙananan hukumomi 20, Birnin Kudu na cikinsu, Gwaram tana ƙarƙashinta kafin daga baya a ba ta tata. Kowace ƙaramar hukuma ta zama mai iya kai ƙara, ana kuma iya kai ta.

Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta buɗe babbar ƙofar rikici. Sashe na 6 ya ba ƙaramar hukuma ikon ba da haƙƙin mallaka na gargajiya a filayen karkara, har hekta 500 don noma da hekta 5,000 don kiwo, ya kuma ba ta ikon karɓar fili don amfanin jama'a tare da biyan diyya. Ga kasuwanni da tashoshin mota da mahauta da tsarin mulki ya danƙa mata. A yanki irin wannan, inda rayuwa ta dogara da gona da burtali da kasuwar mako irin ta Sara, waɗannan su ne ainihin wuraren da talaka ke cin karo da hukuma.

Sai dai sojojin da suka raba kotu da En'e su ne kuma suka koya wa ma'aikata cewa umarnin kotu abu ne da ake iya tsallakewa. Lokacin da Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a shari'ar Lakanmi a 1970 wanda bai yi wa gwamnati daɗi ba, nan take aka fito da dokar soja mai lamba 28 ta shafe shi. Dokar soja mai lamba 17 ta 1984 ta hana kotu sauraron ƙarar ma'aikacin da aka sallama a ƙarƙashinta. A 1986 Kotun Ƙoli ta yi kakkausan suka a shari'ar Gwamnan Legas da Cif Emeka Ojukwu, inda gwamnatin jihar ta tura mutane kimanin 150 ɗauke da makamai suka fitar da shi daga wani gida a Ikoyi alhali magana tana gaban kotu. Kotun ta ƙi sauraron bukatar gwamnati muddin tana cikin saɓa umarni. Har gobe lauyoyi na kafa hujja da wannan hukunci. Amma kantoman da gwamnan soja ya naɗa ya san sarai wanda zai iya cire shi da sanarwa guda a rediyo, kuma ya san ba alƙali ba ne.

An ƙirƙiro Jihar Jigawa ranar 27 ga Agusta 1991, yankin ya koma ƙarƙashin masarautar Dutse, kuma gwamnan farar hula na farko, Ali Sa'ad Birnin Kudu, lauya ne ɗan wannan yanki. Mulkinsa bai kai shekara biyu ba, domin sojoji sun rushe zaɓaɓɓun hukumomi a watan Nuwamba na 1993, aka koma gidan jiya.

3.3 Hanyar Tuhumar Raina Kotu da Inda Take Tsinkewa

Tsarin mulki na 1999 bai bar ƙofar shakka ba. Sashe na 287 ya wajabta wa dukkan hukumomi da mutane zartar da hukuncin kotu. Daɗin daɗawa, rigar kariya ta sashe na 308 ta tsaya ne a kan shugaban ƙasa da gwamna da mataimakansu. Ciyaman da kansila da sakatare da ma'aji ba su da ita, saboda haka a shari'ance babu abin da ya hana a tura kowannensu gidan gyaran hali.

Hanyar yin hakan tana cikin wata tsohuwar doka ta 1945 mai magana a kan zartar da hukuncin kotu, da ƙa'idojin da aka yi a ƙarƙashinta. Sashe na 72 ya ce wanda ya ƙi bin umarni ana iya tsare shi har sai ya bi. Da farko magatakardan kotu zai fitar da kwafin umarnin tare da Fom na 48, wanda ke gargaɗin mutum cewa rashin biyayya zai kai shi kurkuku. In ya yi kunnen ƙashi, bayan aƙalla kwana biyu cikakku sai a fitar da Fom na 49, wanda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Da yake 'yancin mutum ake shirin taɓawa, kotuna sun tsananta: dole a miƙa takardun hannu da hannu sai fa in kotu ta yarda a bi wata hanya, kuma dole a tabbatar da laifin ba tare da wani kokwanto ba, kamar yadda ake yi a shari'ar laifi. Kuskure ɗaya a wannan jeri ya isa ya rusa duk tuhumar.

Domin a ga yadda abin yake a aikace, a ƙaddara wani manomi a ƙasar Gwaram wanda ƙaramar hukuma ta yanki gonarsa don faɗaɗa kasuwa, ya je Babbar Kotu da ke zama a Birnin Kudu, aka ba da umarnin a dakatar da gini, amma lebura suka ci gaba da zuba tubali. Masinjan kotu zai tafi sakatariya da Fom na 48. Ciyaman ya tafi taro Dutse. Gobe ya tafi ta'aziyya. Ɗan sandan da ke bakin ƙofa ba zai bar masinja ya wuce ba, magatakarda kuma zai ce a bar takardar a wurinsa, wanda hakan bai cika sharaɗin hannu da hannu ba. Kowace zuwa manomin ne ke biyan kuɗin mota. In an yi sa'a takarda ta shiga hannu, lauyan hukuma zai ɗaukaka ƙara ya nemi a jingine umarnin, kuma kafin a saurara rumfuna sun tashi, an raba su ga 'yan kasuwa waɗanda ba su san hawa ba balle sauka.

Ko da alƙali ya sa hannu a takardar ɗauri, ba shi da dakarun kansa. 'Yan sanda ne za su kama, su kuwa na Gwamnatin Tarayya ne, kuma Difi'o da ciyaman kullum suna zaune teburi ɗaya a kan sha'anin tsaron yankin. A zamanin En'e ɗan doka na hukuma ne ƙarara. Yanzu ba nata ba ne, amma kuma bai zama na kotu ba.

Sai kuma matsalar lokaci. An yi zaɓen ƙananan hukumomi a Jigawa a 2017 da 2019 da 2021 da 2024, kafin na 2017 kuma kwamitocin riƙo ne ke kan kujera. Wa'adin shekara biyu ko uku ya fi gajarta a kan rayuwar shari'ar da ta je Kotun Ɗaukaka Ƙara. Manyan ma'aikata irin su ma'aji da daraktan mulki kuwa Hukumar Kula da Ma'aikatan Ƙananan Hukumomi ce ke tura su, tana iya ɗauke mutum daga Gwaram ta kai shi Maigatari cikin mako guda. Wanda ya gaje shi zai ce shi ba a ba shi wata takarda ba, kuma a shari'ance gaskiya ya faɗa. Sai a koma Fom na 48.

Duk wannan a kan umarnin yi ko bari ne. Inda abin ya fi tsauri shi ne hukuncin biyan kuɗi, wanda shi ne abin da ɗan kwangila da korarren ma'aikaci da mai neman diyya suke bi. Sashe na 72 ya cire umarnin biyan kuɗi daga cikin abin da ya shafa. Hanyar da aka fi bi ita ce a roƙi kotu ta umarci bankin da hukumar ke ajiya ya biya daga asusunta. A nan sashe na 84 ya gindaya sharaɗin cewa in kuɗin yana hannun jami'in gwamnati a matsayinsa na jami'i, sai an sami amincewar Atoni-Janar. Kotuna sun daɗe suna saɓani a kan iyakar wannan sashe, amma lauyoyin hukuma ba sa fasa jawo shi. Ma'anarsa a sauƙaƙe ita ce, wanda ya kayar da hukuma sai ya je ya nemi izinin babban lauyan gwamnati kafin ya ci nasararsa. Wannan sharaɗi gadon mulkin mallaka ne, kuma da wuya a sami hujjar da za ta daidaita shi da sashe na 287.

Ba a nan kaɗai lamarin ya tsaya ba. A ƙarshen 2022 kotuna a Abuja sun ba da umarnin ɗaure shugaban hukumar EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, da Sufeto-Janar na 'yan sanda Usman Alƙali Baba, saboda raina kotu. Cikin 'yan makonni aka janye duka umarnin biyu. Ƙaramin jami'i yana sauraron irin wannan labari a rediyo, yana kuma ɗaukar darasi.

3.4 Asusun Haɗin Gwiwa

Adalci ne a faɗi cewa ba kowane ƙin biyayya ne taurin kai ba. Sashe na 162 na tsarin mulki ya ce kason ƙananan hukumomi daga asusun tarayya ya bi ta asusun haɗin gwiwa na jiha. A can ake cire albashin malaman firamare da kuɗin fansho da kason masarautu da na ayyukan haɗin gwiwa, sannan a tura abin da ya saura. Ciyaman ɗin da kotu ta umarta ya biya bashin miliyoyi, sau da yawa bashin da wani ya ci shekaru kafin zuwansa, yana iya kasancewa ba shi da ikon sa hannu a kan wannan adadi sai da amincewar ma'aikatar ƙananan hukumomi. Tuhumar raina kotu kuwa tana bukatar a nuna ganganci. Saboda haka wanda doka ke iya kamawa yana da uzuri, wanda ke riƙe da lalitar kuma ko dai ba ya cikin ƙarar, ko yana da rigar kariya. Wannan shi ne tsohon tsarin En'e ya dawo da wata kama: umarni na bin hanyar sama zuwa ƙasa, kotu tana gefe.

Su kansu shugabannin ƙananan hukumomi sun ɗanɗani abin da talaka ke sha. A Jihar Katsina, Gwamna Aminu Bello Masari ya rushe zaɓaɓɓun shugabannin ƙananan hukumomi 34 a 2015. Sai ranar 7 ga Mayu 2021 Kotun Ƙoli ta ce rushewar ta saɓa wa tsarin mulki, a rana ɗaya da irin wannan hukunci a kan Jihar Oyo. A lokacin wa'adinsu ya daɗe da ƙarewa, don haka abin da kotu ta iya ba su shi ne umarnin a biya su albashi da alawus. Kujerar ta tafi. Alhali tun a watan Disamba na 2016 kotun ta riga ta yanke irin wannan magana a kan Jihar Ekiti.

A Kano kuma, a watan Oktoba na 2024, Babbar Kotun Tarayya ta sauke shugabannin hukumar zaɓe ta jiha ana saura kwanaki a yi zaɓen ƙananan hukumomi, Babbar Kotun jiha ta ce a ci gaba, aka kuwa yi zaɓen ranar 26 ga watan. Idan kotuna biyu masu daraja ɗaya suka ba da umarni masu karo da juna, jami'i yakan zaɓi wanda ya dace da son maigidansa, ya kuma ce kotu ya bi. A nan laifin na sashen shari'a ne kafin ya zama na kowa.

Ranar 11 ga Yuli 2024 Kotun Ƙoli, a ƙarar da Atoni-Janar na Tarayya Lateef Fagbemi ya kai jihohi 36, ta yanke cewa a riƙa biyan ƙananan hukumomi 774 kasonsu kai tsaye, kuma kada a ba da kuɗi ga wadda ba zaɓaɓɓu ke riƙe da ita ba. Mai Shari'a Emmanuel Agim ne ya karanta hukuncin. Ta fuskar wannan nazari muhimmancinsa shi ne, in kuɗin Birnin Kudu da na Gwaram suka shiga asusunsu kai tsaye, uzurin cewa lalita tana Dutse ya faɗi, mai sa hannu a cek da mai karɓar Fom na 48 sun zama mutum ɗaya, abin da bai taɓa faruwa sosai ba tun 1976. Sai dai shekara guda bayan hukuncin, ƙungiyar ma'aikatan ƙananan hukumomi ta ƙasa tana ta kukan cewa ba a fara aiwatar da shi ba, wato hukuncin da zai sauƙaƙa bin umarnin kotu shi kansa ya shiga layin masu jiran a bi su. Bugu da ƙari, hukuncin bai taɓa sashe na 84 ba, bai kuma sauya ƙa'idar miƙa takarda hannu da hannu ba. Gyaran waɗannan biyun yana hannun majalisa da masu tsara ƙa'idojin kotu.